Daga Uhudu zuwa Yankari: yadda ake ƙirga dabbar da ba ta yarda a gan ta

Duk alhajin da ya yi kwanakinsa na Madina, da wuya a ce motar ziyara ba ta kai shi Uhudu ba. Ana sauka kusa da maƙabartar shahidai, a yi sallama ga Sayyidina Hamza (RA) da sauran sahabbai kimanin 70 da suka yi shahada a yaƙin shekara ta 3 bayan hijira, masu ƙarfin gwiwa su hau ɗan tudun maharba, a sayi dabino, a koma mota. Shi kuwa babban dutsen mai jan launi, wanda ya miƙe kimanin kilomita 7 a arewacin birnin, ƙololuwarsa ta kai mita 1,077 daga doron teku, hotonsa kawai ake ɗauka. Kaɗan ne ke zagayawa bayansa, inda akwai wani ɗan ƙaramin dutse da malaman tarihin Madina suka ce shi ne Sauru, ba Saurun Makka mai kogon hijira ba. Tsakanin wannan ɗan dutse da dutsen Airu da ke kudu, nan ne haramin Madina kamar yadda ya zo a ingantattun hadisai. Ke nan Uhudu kansa yana cikin harami, ba a sare itacensa, ba a farautar dabbarsa.

A mazhabarmu ta Malikiyya farautar haramun ce, ko da yake ba a ɗora wa wanda ya yi ta fansa irin ta Makka ba. An ruwaito cewa Abu Huraira (RA) ya faɗi cewa ko da zai ga barewa na kiwo a Madina ba zai firgita su ba, saboda wannan hani. Manzon Allah (SAW) ya keɓe hurumin Naƙi'u domin dawakan Musulmi, Sayyidina Umar (RA) kuma ya keɓe Rabaza. Wato tun ƙarni goma sha huɗu da suka wuce an shata iyaka a ƙasa, an ce dabbar da ke ciki tana da aminci. Ƙasashe da yawa sai a ƙarni na 19 da na 20 suka kai ga wannan tunani.

Sai dai shata iyaka daban, sanin abin da ya rage a cikinta daban. Madina a yau birni ne mai mutum sama da miliyan ɗaya da dubu ɗari huɗu, manyan tituna sun kewaye Uhudu, unguwanni sun matso gindinsa. Tattabaru da kyanwoyi maziyarci ke gani, ba barewa ba. Ba sai da bindiga dabba ke ƙarewa ba. Kwalta da fitila da bushewar mashaya suna yin aikin a hankali, ba tare da kowa ya karya doka ba. Kuma wanda ba ya ƙirgawa ba zai ankara ba sai bayan an daɗe da rasa ta ƙarshe.

To, yaya ake ƙirga dabbar daji? Makiyayi ba shi da wannan matsala, domin shanunsa suna dawowa ruga da almuru, ya bi su ɗaya bayan ɗaya, ya san wadda ba ta dawo ba. Dabbar daji ba ta dawowa wurin kowa. Da rana tana kwance a kogo, ta ji motsin mutum tun kafin ya hango ta, yau tana wannan kwari gobe tana wancan. Saboda haka abin da mai ƙirga ya gani wani ɓangare ne kawai na abin da ke nan. Dukan ilimin ƙididdigar namun daji a kan tambaya ɗaya ya ginu: cikin waɗanda ke nan, kashi nawa na gani? Idan ka samu amsar wannan, sauran lissafin ɗan firamare ma zai yi shi. Samun amsar ne aiki.

Babu inda aka gwada wannan tambaya da gaske a 'yan shekarun nan kamar tsaunukan yammacin Saudiyya, jerin da Uhudu yake gefensa. Damisar Larabawa, wadda ta fi ta Afirka ƙanƙanta da hasken fata, ta taɓa zama a waɗannan duwatsu daga arewa har Yaman. Yanzu an ƙiyasta waɗanda suka rage a daji a duniya ba su kai 200 ba, akasarinsu a Oman da Yaman. Ta ƙarshe da aka tabbatar a Saudiyya gawa aka same ta a 2014, a Wadi Nu'uman kusa da Makka, an kashe ta da guba. Hukumar da ke kula da Ula, wani yanki na lardin Madina da ke sama da kilomita 300 arewa da birnin, tana son mayar da damisa dajinta. Kafin nan sai an san ko akwai saura. Daga 2020 zuwa 2022 masu bincike na ƙungiyar Panthera suka kafa kyamarorin tarko a wurare 586, irin kyamarar nan da ake ɗaure wa a jikin dutse ko itace, wadda ke ɗaukar hoto da kanta idan wani abu mai ɗumin jiki ya gifta. Idan aka haɗa dararen da kowace kyamara ta yi tana aiki, sun kai 82,075. An samu hotunan mutane da dabbobi sama da dubu sittin. An tattara kashin dabbobi masu cin nama guda 143 aka binciki ƙwayoyin gadonsa. An yi hira da mazauna yankunan 843.

Ba a samu damisa ko ɗaya ba.

Abin da ya burge ni a wannan aiki shi ne yadda masu shi suka faɗi sakamakon. Ba su ce damisa ta ƙare ƙaf a Saudiyya ba. Cewa suka yi da wuya a ce akwai sauran garke mai hayayyafa da zai iya ɗorewa. Wannan taka-tsantsan ba tsoro ba ne, lissafi ne ya tilasta shi. A ce akwai dabba a wani kwari, kuma damar kyamara ta kama ta a mako guda ɗaya ce cikin biyar. Idan aka yi mako uku, damar a tashi ba a gan ta ba ta fi rabi, alhali tana nan. Idan aka yi mako goma, damar kuskuren ta sauko zuwa kusan kashi 11 cikin ɗari. A mako ashirin ta koma kusan kashi 1. Kullum raguwa take yi, amma ba ta taɓa kaiwa sifili. Shi ya sa "ban gani ba" na wanda ya kwana biyu a daji ba ta da nauyin "ban gani ba" na wanda ya tara darare dubu tamanin, kuma ko ta biyun ma ba ta zama "babu" ba.

Wani masani ɗan ƙasar Niyu Zilan, Darryl MacKenzie, da abokan aikinsa ne suka tsara wannan tunani ya zama hanya a 2002, suka gwada shi da kwaɗin fadamun Amurka. Dabarar ita ce a raba ƙasa gida-gida, a ziyarci kowane gida sau da yawa. Idan a wani gida an ga dabba a ziyara ta farko da ta huɗu, ba a gan ta a ta biyu da ta uku ba, to an san tana nan duk lokutan, ido ne ya kuskure ta sau biyu. Daga irin waɗannan kurakurai ake auna ƙarfin ganin mai nema, sannan a yi amfani da ma'aunin wajen gyara lissafin gidajen da ba a taɓa ganin komai a cikinsu ba. Kuskuren da da ake jin kunyarsa, shi ya zama abin awo.

Irin wannan aiki ne ya dace da wuri kamar Uhudu. Faɗinsa bai wuce kilomita biyu zuwa uku ba, kyamarori 'yan kaɗan za su game shi. Tsaunukan Hijaz gida ne ga akuyar dutse da rema da yanyawa da kyarkeci da kura mai zane. Wace ce cikinsu ke hawa Uhudu har yanzu da dare, ta wane kwari take shigowa, kuma titin da ya kewaye dutsen ya datse mata hanya ko bai datse ba? Tambayoyi ne da shekara guda ta aiki za ta amsa. A ganina wurin da Manzon Allah (SAW) da kansa ya sanya cikin harami ya cancanci a san abin da ke rayuwa a kansa, a kuma riƙa bibiyarsa shekara-shekara.

Sanin inda dabba take mataki ɗaya ne. Sanin yawanta shi ne na biyu, kuma hanyarsa ta fi ta farkon tsufa. A 1896 wani masanin kifi ɗan Denmak, Johannes Petersen, ya riƙa sa wa kifi alama yana mayar da su ruwa. A 1930 Frederick Lincoln ya yi amfani da zoben da ake sa wa agwagin daji a ƙafa ya ƙiyasta yawansu a Amurka. A ce ka kama barewa 40 ka sa musu alama a kunne ka sake su. Bayan sun gauraya da 'yan'uwansu ka koma ka hango 50, goma daga ciki masu alama. Masu alama ɗaya ne cikin biyar na abin da ka gani, ke nan arba'in ɗin da ka sa wa alama ɗaya ne cikin biyar na dukan garken. Garken 200 ne. Lissafin ya yi daɗi a takarda, amma yana ɗauke da sharuɗɗa: kada alamar ta faɗi, kada wasu su mutu ko su shigo tsakanin zuwan biyu, kada wadda aka taɓa kamawa ta koyi gudun mutum fiye da sauran. Ko ɗaya ya karye, amsar ta karkace.

Dabbar da Allah Ya yi wa zane a jiki kuwa ta zo da alamarta. Babu damisa biyu masu roɗi iri ɗaya. A 1995 Ullas Karanth ya nuna a dajin Nagarahole na Indiya cewa hoton kyamarar tarko zai iya maye gurbin kamu, a ƙirga damisar Indiya mai zane ba tare da an taɓa jikinta ba. A Oman ma haka aka yi a dutsen Samhan na yankin Zufar, inda daga 1997 zuwa 2000 kyamarori suka bambance damisar Larabawa 17. Amma sai wata matsala ta taso, kuma a nan ne taswira ta shigo cikin lissafi. Ka ƙirga damisa goma, to a faɗin ƙasa nawa? Wadda gidanta ke tsakiyar kyamarorinka za ta bayyana sau da yawa. Wadda ke zaune can gefe, sai ta leƙo sau ɗaya ta koma. Idan ka ɗauka duka a cikin filinka suke zaune, ka cusa dabbobi da yawa a ƙaramin wuri, ka ba da labarin yalwar da babu ita. A 2004 Murray Efford ya kawo gyara: a rubuta wadda aka gani, a kuma rubuta a wace kyamara aka gan ta. Daga tazarar da ke tsakanin wuraren da dabba ɗaya ta bayyana ake gane tsakiyar yawonta da nisan da take kaiwa. Daga nan ake fitar da yawan dabbobi a kowace murabba'in kilomita ɗari, har da waɗanda ba su taɓa gifta kyamara ba. Da wannan hanya Indiya ke ƙirga damisarta yanzu, kuma ƙidayar 2022 ta ba da ƙiyasin 3,682.

A fili mai shimfiɗa, inda ido ke kaiwa nesa, wata dabarar ake bi. Gabas da Ɗa'if akwai gandun Mahazat as-Said, wanda aka kewaye da waya, faɗinsa ya haura murabba'in kilomita 2,000. A 1990 aka fara sakin maririn Larabawa a nan, dabbar da aka ƙarar a daji a 1972 sai da aka sake hayayyafa ta a killace. Masu ƙirga suna bin miƙaƙƙun layuka da mota. Duk garken da suka hango, sai su auna nisansa daga layin. A ce a mita ɗari na farko sun ga 60, a na biyu 45, a na uku 20, a na huɗu 5. Ba wai mariri sun fi son gefen mota ba ne, ido ne ke raunana da nisa. Da ido bai gaza ba, da kowane zango ya ba da kusan 60, jimilla 240. An ga 130, wato rabi da ɗan ɗori. Yadda gani ke raguwa shi ke faɗa maka abin da ya kuɓuce maka. Masana a Jami'ar Sent Andurus ta Sikotland sun daɗe suna inganta wannan hanya, kuma manhajarsu mai suna Distance kyauta ake sauke ta.

Mahazat ta koyar da darasi mai ɗaci. Mariri da barewar rairayi sun hayayyafa sosai, kowa na murna da ƙaruwar adadi. Sai fari ya zo. A da dabbar hamada takan bi ruwan sama ta yi tafiya mai nisa, yanzu waya ta tare ta. Tsakanin 1999 da 2008 an ƙirga gawar mariri sama da 500 da ta barewa sama da 2,800. Ƙirga dabba ba tare da auna ciyawar da za ta ci ba rabin aiki ne. Binciken damisar Saudiyya ma abin da ya tarar ke nan ta wata fuska: kyamarorin sun cika da hotunan dabbobin gida, namun dajin da damisa za ta farauta kuwa sun yi ƙaranci. Akwai damisoshi da ake hayayyafawa a wata cibiya a Ɗa'if, Majalisar Ɗinkin Duniya ma ta keɓe 10 ga Fabrairu a matsayin ranarsu. Amma idan aka sake su a dutsen da babu akuyar dutse da barewa, kan awakin mutane za su faɗa, daga nan kuma guba ce za ta biyo baya kamar a Wadi Nu'uman. Shi ya sa a gandun Shar'an na Ula aka fara da sakin mariri da barewa da akuyar dutse, damisa sai daga baya.

Kada mai karatu ya ɗauka wannan ilimin masu arzikin man fetur ne kawai. Ɗaya daga cikin ƙidayoyin da suka fi tsafta a Afirka a maƙwabtanmu ake yin ta. Raƙuman dawan Afirka ta Yamma, waɗanda a da suke yawo daga Senegal har tafkin Chadi, sun ragu zuwa 49 a 1996, dukansu a yankin Kure, kimanin kilomita 60 daga Yamai. Da damina, lokacin da suke taruwa a kan tudu, ma'aikata da jagororin ƙauyuka suna bin su suna ɗaukar hoton kowanne ta dama da ta hagu, a gwada da kundin hotunan bara. Kowane raƙumi da shafinsa. Da haka aka san sun haura 600, sani na tabbas ba na jita-jita ba. Wannan tabbacin ne ya ba hukumomin Nijar ƙarfin gwiwar ɗaukar takwas a 2018 su kai su Gadabeji a jihar Maraɗi, inda aka yi gomman shekaru ba a ga irinsu ba. Wanda bai san yawan abin da ke hannunsa ba ba zai iya raba shi gida biyu ba.

A Nijeriya lamarin ya fi rauni. An ƙirga giwayen Yankari ta jirgin sama a 2006 aka samu 348. A 'yan shekarun nan ƙiyasin da ake bayarwa tsakanin 100 ne zuwa 150. Raguwar a fili take. Abin da irin wannan ƙiyasi mai faɗi ba zai iya nunawa ba shi ne ko garken ya fara farfaɗowa, domin ƙaruwar giwa goma ko asarar goma duk za su ɓace a cikin tazarar. An samu ci gaba ta fuskar taswira: a 2019 an sa wa giwaye shida na Yankari abin wuya mai aika saƙo ta tauraron ɗan'adam, don masu gadi su san inda garke yake, su kuma gargaɗi manoma kafin ya faɗa gonaki. Amma abin wuya inda shida suke yake nunawa, ba ya faɗin yawan sauran. Zaki kuwa, binciken da Philipp Henschel ya jagoranta aka wallafa a 2014 ya duba gandun daji 21 a Afirka ta Yamma da ake kyautata zaton akwai zaki, aka same shi a huɗu kawai, jimillarsu kimanin 400. Biyu daga cikin huɗun a Nijeriya suke, Kainji da Yankari. Sauran goma sha bakwai ɗin, ba a tabbatar da zaki a cikinsu ba.

Wannan ya dawo da ni kan hirar da aka yi da mutum 843 a Saudiyya. Uku daga cikinsu sun ce sun ga damisa a shekarar da ta gabata. Masu binciken ba su yi watsi da maganarsu ba, sun kwashi kyamarori sun kai wuraren da suka nuna. Ba a samu komai ba. Haka ya kamata a riƙi ilimin mafarauta da makiyaya. Babu digirin da zai koya wa mutum bambance sawun kura da na kare kamar yadda tsohon maharbi ya sani, kuma shi ya san mashayar da ba ta ƙafewa. Duk binciken da ya tsallake shi ya yi asarar rabin hanya. Amma tunanin ɗan'adam yakan haɗa abin da ya gani bara da abin da ya gani yana yaro. Mukan ce gani ya kori ji, to a wannan fage ganin ma sai an rubuta ranarsa da wurinsa, an kuma rubuta ranakun da aka fita ba a ga komai ba. Waɗannan ranaku na banza su ne mutane ke mantawa, alhali da su ake auna komai.

Saboda haka idan jami'i ko ɗan jarida ya ce akwai dabba kaza guda kaza a daji kaza, mai sauraro na da haƙƙin ya tambaya: yaushe aka ƙirga, ta wace hanya, kuma daga nawa zuwa nawa ƙiyasin yake? Lamba guda tilo da ba ta da tazara, wadda ba ta canzawa shekara da shekaru, alama ce ta cewa kwafa ake yi ba ƙirga ba.

Ƙofar shiga aikin ma ba ta da tsada kamar yadda ake zato. Kowane watan Janairu ana ƙirga tsuntsayen ruwa a fadamun Haɗeja da Nguru, cikin ƙidayar duniya da aka fara tun 1967. Cibiyar nazarin tsuntsaye ta A. P. Leventis da ke Jos ta horar da ɗalibai da yawa a kan waɗannan dabaru, kuma tun 2015 take jagorantar aikin taswirar tsuntsayen Nijeriya. An raba ƙasar gida-gida, kowane gida kimanin kilomita 9 tsawo da faɗi. Mai sa kai zai shiga gida ɗaya da wayarsa, ya yi aƙalla awa biyu yana rubuta duk tsuntsun da ya gani ko ya ji kukansa, ya aika. Akwai tawagar matasan Arewa da ke wannan aiki, suna bin gidajen da ba a taɓa shiga ba. Gidan da mutum ɗaya ya ziyarta sau ɗaya ya shiga taswira, amma sai an koma masa sau huɗu ko biyar, a rani da damina, kafin lissafi ya iya bambance tsuntsun da ya bar wurin da wanda ya yi shiru ne kawai a ranar.